Nunannen Ido

Zuwa ga Uwata,

Bayan sallama da gaisuwa mai yawa, ina fata takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki. Ya nauyin jiki? Allah ya raba lafiya. Mu nan ƙalau muke, in ban da gwiwata da ta rantse sai ta riga ni tsufa.

Kada ki yi mamakin ganin wasiƙa alhali shekaranjiya muka yi waya. Maganar babanki ce, kuma ba ta faɗuwa a waya, don tun da idonsa ya fara ja da baya kunnensa ya ƙara gaba. Ko a kicin na yi raɗa sai in ji gyaran muryarsa daga falo.

An sallame shi daga gareji, amma shi bai sani ba. Mai garejin ya zo har gida ya durƙusa, ya ce Baba ya huta haka, in aiki mai wuya ya zo za a aiko. Da na raka shi bakin ƙofa ya gaya min gaskiya. Motoci ake ta dawowa da su, don duk ƙofar da Yaya ya haɗa wa fenti sai ta fi jikin motar shuɗi. Ki duba fa, mutumin da zai ɗauki murfin tankin mai ya fita hasken hantsi, ya kalle shi sau ɗaya, ya koma ya haɗa launin ba tare da ya duba kati ba.

Shi kuwa murna yake yi. Kin san karatun nan nasa da ya ishe mu da shi tun kina goye, cewa haske baƙo ne, yana sauka a kan kowane abu, abin ya karɓi rabonsa ya mayar da saura, kuma saurar nan ita muke kira launi. Wato a wurinsa ba mu taɓa ganin komai ba, abin da aka mayar mana kawai muke gani. To yanzu ya ƙara babi. Ya ce haske ma yana nuna. Wai idon yaro ɗanyen haske yake sha, fari mai sanyi, amma in mutum ya daɗe yana kallo da haƙuri sai hasken ya nuna a idonsa, duniya ta koma ruwan zuma. Ya ce nasa ya fara nuna, komai ya yi taushi, har fuskata ta daina yi masa kaifi. Na ce na gode, bayan tsufa an yabe ni.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne ƙofar ɗakin mamanki. Kin tuna korenta, wanda ya haɗa daidai da mayafinta shekarar da suka tare a gidan nan. Fentin ya fara ɓarewa, sai ya kankare shi tas har katako, ya haɗa sabo daga ƙwaƙwalwarsa ya shafa. Uwata, ƙofar ta fito shuɗiya kamar an tsoma ta a bula. Ya kira ni yana ta fara'a ya ce, "Kin ga ta dawo?" Na ce ma sha Allah. Me zan ce?

Tun daga ranar, in la'asar ta yi rana ta shigo ta tagar baranda ta faɗa kan ƙofar, sai ya ja kujera ya zauna. Ya ce yana ganin mamanki tsaye tana gyara mayafi. Na ce ya yi istigfari, wanda ya tafi ya tafi. Ya ce shi bai ce ta dawo duniya ba, kuma bai fasa yi mata addu'a ba. Wai mamaci ya daina mayar da haske ne, ya riƙe duka, shi ya sa ɗanyen ido ba ya ganinsa. Ina jin sa yana yi mata sannu da gida a hankali.

Ke ce ma'aikaciyar asibiti. Ki gaya min, idon ne ko kan ne? Tsoro nake ji.

Goggonki

*

Goggo,

Ina gaishe ki da kyau, ya gwiwa, ya haƙuri da Baba? Ni lafiya, sai dai ƙafafu da suka kumbura, da tsayuwar aiki da ba ta ƙarewa. Maigidan yana gaishe ki.

Ki kwantar da hankalinki, kan Baba lafiyarsa lau. Yanar ido ce. Tana sa ƙwayar ido ta yi rawaya a hankali, sai mutum ya riƙa ganin duniya kamar ta cikin kofin shayi. Shuɗi ne yake fara ɓace masa, shi ya sa yake ta ƙara shuɗi a fenti yana zaton bai ji ba. Surar da yake gani a ƙofa kuwa hasken rana ne yake watsewa a cikin yanar. Kullum muna ganin irinsu a nan. Aikin ba ya daɗewa, a cire ta a sa wata ƙwaya mai tsabta, da yamma mutum ya koma gida. In aka bari kuwa, zumar nan da yake yabo za ta yi ta duhu har ya rasa hanyar banɗaki.

Na yi magana da wata likita da muka yi karatu tare, tana aiki a asibitin ido na kusa da ku. Za ta karɓe shi. Naki kawai ki kai shi.

Goggo, ni ma na sha karatun nan, kada ki ga kamar raina shi nake yi. Ina 'yar ƙarama duk lokacin da zai sabunta ƙofar Mama, shi yake shafa sama, ni ya ba ni ƙaramin burushi in shafa ƙasa, wai rabon gajeru ne. Yana shafawa yana ce min koren nan shi ne abin da ƙofar ta ƙi karɓa. Na taɓa tambayarsa, to ni me na ƙi karɓa? Ya yi dariya har fenti ya ɗiga masa a ƙafa, ya ce magana. Na yarda da shi a lokacin fiye da yadda na yarda da malaman makaranta. Amma yanzu na san abin da ke cikin ido, kuma ba zan zauna a nan ina kallo ubana ya makance don yana jin daɗin cutarsa ba.

In ya ƙi, ki gaya masa ni na ce ina so ya ga fuskar abin da zan haifa. Gani sosai, da ido da hanci, ba inuwa ba. Ki faɗa masa haka, kada ki sassauta.

'Yarki

*

Uwata,

Gaisuwa da fatan alheri. Ki riƙa ɗora ƙafafun a kan filo in kin dawo aiki, kuma ki rage gishiri, ko da yake ke za ki koya min.

Na karanta masa wasiƙarki, na tsallake wurin "jin daɗin cutarsa", don ban ga amfanin zuba gishiri a gyambo ba. Da farko dariya ya yi. Ya ce likitoci sun ga mangwaro ya nuna sun ce ciwo ne. Ya ce shekara nawa ya yi yana jiran idon nan ya kai haka, yanzu kuma a ce a mayar da shi ɗanye kamar na jariri? Muka yi kwanaki muna ja. Na ce masa ran nan wa ya zuba sukari a miya? Ya ce wannan laifin mai ajiye gwangwanaye ne.

Sai na faɗi maganar jikan kamar yadda kika ce.  Ya tashi ya lallaɓa bango ya tafi kujerarsa ta baranda, ya zauna har rana ta sauka daga kan ƙofar. Da ya dawo ya tsaya a kaina ya ce, "In aka cire, za ta tafi." Na ce wa? Ya ce, "Kin sani." Daga nan ya ce in gaya wa Uwata ya yarda, tunda uwa ba ta umarni a ƙi. Kin ga amfanin cin sunan tsohuwarmu, ko gardamarsa sai ta rusuna miki.

Mun je wurin likitar, yarinya mai hankali. Ta ce ido ɗaya za a fara, na dama, in ya warke a yi na hagu. Ya zauna yana yi mata bayanin baƙon haske tana ɗiga masa magani, ta ce Baba ai rabin maganarka a littafinmu take. Ya ce ɗaya rabin fa? Ta yi murmushi kawai.

Zan faɗa miki abin da ke raina, ki yi haƙuri. Na san gaskiyarki ce, ni ma ba na son in wayi gari ina jan yayana da sanda. Amma tun rasuwar mamanki ban ga ya ci abinci da marmari ba sai a watannin nan. Yana aske gemu, yana sa turare kafin la'asar. Ina tsoron kada garin neman gira mu rasa ido. Na faɗa ne don ya fita daga cikina, ba don a fasa ba. Ranar aikin tana nan yadda aka sa.

Goggonki

*

Uwata,

Ina gaishe ki, ina gaishe da maigidanki. Na san kwanakinki sun matso, Allah ya sauke ki lafiya. A waya na ce miki aiki ya yi kyau, kuma ban yi ƙarya ba. Likita ta ce idon ya fi nata gani. Ga sauran da ban faɗa ba.

Da aka cire bandejin a asibiti ya runtse ido ya ce wa ya kunna wannan fitilar mai sanyi? Babu wata fitila, hasken taga ne. A mota yana ta kallon sama. Can ya ce ashe haka take da shuɗi, ya manta. Na ji daɗi, na ce a raina to alhamdulillahi. Ya kalle ni ya ce na tsufa. Na ce ai tare muka yi.

Muna shiga gida ya wuce baranda. Ina bayansa da jakar magunguna, na ga ya tsaya cak. Ya daɗe yana kallon ƙofar, sannan ya tambaye ni wa ya taɓa ta. Na ce babu. Ya rufe idon dama da tafin hannu ya duba, ya buɗe ya rufe na hagu ya duba, ya yi ta yin haka kamar mai wasa da yaro. Sai ya ce, "Ni na yi wannan?" Na ce kai ne. Ya ce, "Kuma kika ce ma sha Allah."

Uwata, gara a ce ya zage ni.  Washegari ya sa riga ya tafi gareji shi kaɗai, ya zagaya ya ga wata mota da ya yi wa fenti ba a zo ɗauka ba, ya dawo. Mai garejin ya kira ni yana ba da haƙuri, na ce ba laifinsa ba ne.

Da la'asar yana zama a kujerar har yanzu, amma da hannu a kan sabon idon. Ya ce da tsohon yana ɗan ganinta, sai dai ta yi nisa, don yanzu ya san ƙofar ba tata ba ce. Ya daina sa turare. Maganar aikin ido na biyu kuwa ya ce kada wanda ya sake tayar masa da ita.

Ya fito da gwangwanayensa yana son ya gyara. Kullum da hantsi yana tsakar gida yana haɗawa, ya shafa a katako, ya kalla, ya ture. Katakai sun cika bayan kicin, kore iri-iri, babu wanda ya yarda da shi. Ya ce launin ya fita daga kansa. Tsohon fentin ya kankare shi da hannunsa, hotunan da muke da su kuma duk sun koɗe. Ya tambaye ni ko na tuna, na ce kore ne dai. Ya ce kore ai gari guda ne, wane gida?

Na san kin ce in ba shi waya ya ƙi karɓa. Kada ki sa a ranki. Jiya dai ya yi maganarki, ya ce in rubuta miki ki aiko da mayafin mamanki da kika tafi da shi.

Goggonki

*

Goggo,

Ina gaishe ki. Ki yafe min shirun da na yi, na san ya yi tsawo. Kin ji a waya cewa an yi min aiki wajen haihuwar, to sai yanzu nake iya zama in rubuta. Jaririyar tana lafiya, tana da goshin Baba da kukan da ba na jin na kowa ne sai naki.

Wasiƙarki tana ƙarƙashin filona tun ranar da ta zo. Na karanta ta har ta yi laushi. Na aiko da hoton yarinya, kin ce ya kalla ya sa albarka, amma bai kira ni ba. Na haihu, an yanka ni an ɗinke, ubana bai ce min sannu da bakinsa ba. Saƙo ɗaya da ya ga dama ya aiko shi ne in dawo da mayafi. Na gane. Na raba shi da matarsa, shi ma zai raba ni da uwata, an yi ɗaya-ɗaya ke nan.

Goggo, me na yi in ba abin da kowace 'ya za ta yi ba? Da na bar shi ya makance fa, sai a ce ina asibiti ubana yana lalube. Wani lokaci ina shayar da yarinya sai in ji haushinsa ya cika ni, in ce mutum ya zaɓi inuwa a kan 'yarsa mai rai. Wani lokaci kuma in tuna da turaren da kika ce ya daina sawa, sai in yi ta kuka har maigidan ya karɓi yarinyar. Ina gaya wa marasa lafiya kullum cewa za su gode mana in sun ga haske. Ban taɓa tambayar kowa abin da yake gani a cikin duhunsa ba.

Mayafin nan shi kaɗai na ɗauko daga kayan Mama. Da shi na yi sallah shekarun nan duka a garin da ban san kowa ba, da shi na rufe kaina a ɗakin haihuwa, yanzu da shi nake lulluɓe yarinya. Ko na so in aiko, ba abin da kuke tunawa ba ne. Wanki da shanya sun cinye shi, ya koma fari-fari kamar ruwan shinkafa. Kunya ma nake ji ya gan shi haka, ya ce shi ma wannan na lalata.

Ki ce masa ya bar min shi.

'Yarki

*

Uwata,

Ina gaishe ki da jiki, ina gaishe da kishiyata mai kuka. In ta gaji muryata to ta gaji abin kirki, ba za a taɓa cin hakkinta a layi ba.

Yanzu ki saurare ni. Laifina ne da na rubuta saƙon a guntule, hannuna ya gaji ranar, amma ke ma kin yi saurin kai ƙara. Wane irin ɗaya-ɗaya? Babanki bai iya ramuwa ba, ko kazar maƙwabta ta shiga masa fenti sai dai ya wanke mata ƙafa. Mayafin yake so ya ɗora a gefen katako ya haɗa launin, ya mayar miki da kayanki. A duniya babu sauran inda koren nan ya rage sai a hannunki.

Rashin kiran kuwa kunya ce. Mutumin da ya yi shekaru yana koya wa 'yarsa yadda ake gani, sai ga shi 'yar ce ta nuna masa bai san shuɗi daga kore ba. Ya ce min in ya ji muryarki bai san da wace fuska zai amsa ba. Hoton yarinyar yana aljihun rigarsa. Yana fito da shi da hantsi ya kalla da sabon ido, ya ce wannan kam ɗanyen haske ya dace da ita. Ran nan na ji yana ce mata, ke me za ki ƙi karɓa?

Ba zan ɓoye miki ba, ya rame. Tari ya kama shi tun sanyin da aka yi, ga ƙaurin fenti da ya ƙi rabuwa da shi. Tsohon idon kuma yana ta rufewa kamar yadda kika faɗa. Ya ce zumar ta fara ƙonewa.

Na gaya masa mayafin ya koɗe. Ya ce a aiko ko tsumma ne. Ki aiko, Uwata, kuma kada ki tsaya jiran sai zuciyarki ta gama hucewa.

Goggonki

*

Goggo,

Gaisuwa a gurguje, wanda zai kawo miki saƙon yana jira a ƙasa. Ga mayafin nan, ban wanke ba, da ƙanshin yarinya a jiki. Ki ce wa Baba ya riƙe shi duk tsawon da yake so. Ki ce masa ina neman hutu, da zarar an yi wa yarinya takardun tafiya za mu zo ya gan ta da duk idon da ya ga dama. Ki ce masa ban fasa ƙin karɓar magana ba, amma tasa ina so.

'Yarki

*

Uwata,

Ina yi miki sallama, ina kuma sake yi mana ta'aziyya. Allah ya jiƙan Yaya, ya haskaka kabarinsa, ya ba mu haƙuri. Baƙi sun watse, gidan ya yi girma. Ranar da na kira ki ban iya haɗa magana ba, ke ma kuka ya hana ki tambaya. Ga abin da ya kamata ki sani, na rubuta don ki ajiye.

Mayafin ya same shi da rai da hankalinsa. Na karanta masa 'yar takardarki, wannan karon ban tsallake komai ba. Ya sa na maimaita layin ƙarshe. Sannan ya ɗauki mayafin ya kai hanci ya daɗe, ya ce mutum uku ne a ciki.

Da hantsi ya fita da shi tsakar gida ya shimfiɗa a kan benci. Gaskiyarki, ya koɗe. Shi kuwa ya yi ta juya shi yana bin gefe da yatsa. Can ya ce in kawo reza. Na ce me za ka yi wa kayan yarinya? Ya ce in farke masa kalmasar bakin, kaɗan kawai. Na farke zaren, na buɗe ninkin. Uwata, koren yana nan a ciki, siriri kamar faɗin yatsa, sabo kamar ranar da aka yanko shi a kasuwa. Ina ganinsa na tuna mamanki tana shigowa gidan nan, na zauna a ƙasa ban san na zauna ba.

Ya ce, "Kin gani? Inda baƙon bai shiga ba, nan ta ajiye."

Bai yi gaggawa ba. Ya ɗiga wannan, ya ɗiga wancan, ya juya, ya shafa a katako ya jira ya bushe, don ya ce ɗanyen fenti maƙaryaci ne. A rana ta biyu ya ɗora katakon a gefen kalmasar ya kira ni. Na duba ban ga inda ɗaya ya ƙare ɗaya ya fara ba. Wannan karon da na ce ma sha Allah ya kalle ni da sabon idon sosai, ya ga da gaske nake.

Ya kankare shuɗin, yana yi yana hutawa saboda tari. Na ce a kira wani daga gareji, ya ce ko kusa. Ya shafa rabin sama, ya sake shafawa, ya tsaya daidai wurin mariƙi. Na zaci gajiya ce, na ce gobe ka ƙarasa. Ya ce a'a, ƙasa rabon gajeru ne.

Da la'asar ya yi wanka ya sa turare ya ja kujerarsa. Rana ta shigo ta faɗa kan koren. Ya rufe sabon idon da hannu ya duba da tsohon, ya daɗe. Ina tsaye a bakin kicin ina kallonsa. Ya sauke hannun ya ce ba ta nan, idon ya rufe gaba ɗaya, babu zuma babu komai.  Sai ya ci gaba da kallo da idon da kika ba shi, har rana ta sauka, ya ce, "Amma ƙofarta ce."

A nan ya ba ni saƙonki, kuma ga shi yadda ya faɗa, ban rage ba ban ƙara ba. "Ki gaya wa Uwata ban yi fushi ba. Tsohon idon ya nuna min mamanta, amma da shi na ɓata mata ƙofa. Da wanda Uwata ta ba ni na gyara." Na ce ka kira ta ka faɗa da bakinka mana. Ya ce zai kira in kin ga aikin, don ba a yabon fenti a waya. Kwana kaɗan bayan haka tarin ya sauka ƙirji, sauran kin sani.

Ban san ko karatunsa gaskiya ne ba, ni malamar rubutu ce. Amma na kama kaina jiya da la'asar ina zaune a kujerar, ina kallon rabin ƙofa, ina cewa wataƙila ya daina mayar da haske ne kawai. Na yi istigfari, na kuma ci gaba da zama.

Mayafinki na ɗinke kalmasar yadda take, yana cikin akwatina. Ragowar fentin yana gwangwani, ya buga murfin da kansa ya dangwala launin a kai da babban yatsa, shaidar yatsan tana nan. Ya ce a kife shi don kada iska ta shiga, kuma in za ki shafa ki juya sosai, ki yi da hantsi. Mai gareji ya ce fentin da aka haɗa ba ya jira har abada, yana yin fata ya daskare, kuma babu mai iya haɗa wani. Don haka ki matsa musu a kan takardun yarinyar.

Ƙasan ƙofar katako ne tsirara, ban bar kowa ya taɓa ba. Na nemo ƙaramin burushin a cikin kayansa na wanke, yana kan tagar baranda.

Goggonki